A Dunƙule ko a Warware: Abin da Makaɗan Na'ura Biyu ke Miƙa wa Juna

A watan Fabrairun 2003 kamfanin Sub Pop da ke birnin Siyatil na Amurka ya fitar da wani kundi mai waƙoƙi goma, sunansa Give Up. Mutum biyu ne suka yi shi, kuma mafi yawan aikin ba a ɗaki ɗaya suka yi shi ba. Jimmy Tamborello, wanda masu kiɗan na'ura suka fi sani da Dntel, yana Los Anjalas. Ben Gibbard, mawaƙin ƙungiyar Death Cab for Cutie, yana Siyatil, tazarar kusan kilomita 1,500. Tamborello ya haɗa kiɗa a kwamfutarsa, ya zuba a faifan CD, ya kai gidan waya. Gibbard ya karɓa, ya yanke nan ya ƙara can, ya rubuta baituka, ya ɗora murya da jita, wani lokacin har da ganga, sannan ya mayar. Daga wannan kai-komo sunan ƙungiyar ya fito, The Postal Service, wato hukumar gidan waya. Tun a 2001 sun taɓa gwada juna da waƙa ɗaya a kundin Dntel, wadda ita ce ta buɗe ƙofar. Zuwa 2012 kundin Give Up ya haura kwafi miliyan ɗaya, na biyu a tarihin Sub Pop da ya kai nan.

Masu ba da labarin sun fi tsayawa a kan ambulan da kan sarki. Ga wanda ya san situdiyo kuwa, tambayar da ta fi nauyi ita ce abin da ke cikin ambulan ɗin. A kiɗan gargajiya, idan makaɗi da mawaƙi suka zauna, kunne ne ke sasanta su nan take: mawaƙi ya ja, mai kalangu ya bi. A kiɗan na'ura babu wannan. Abin da ɗaya ya yi yana zama fayil, fayil ɗin ne ke tafiya wurin ɗayan, kuma siffar da aka miƙa shi ita ke yanke hukuncin wanda ke da iko a kan waƙar. Da yawa daga rigimar da ake ɗora wa hali ko girman kai, asalinta rikicin iyakar gona ne da ba a shata ba tun farko.

Siffofin miƙawa huɗu ne, kuma kowace da irin ikon da take bayarwa.

Ta farko, kiɗa a dunƙule: fayil ɗaya mai ɓangaren dama da hagu, komai a gauraye. Wanda ya karɓa yana iya yanka shi a tsaye, ya maimaita amshi, ya rage tsawon shiga, ya ɗora nasa a kai. Ba ya iya cire ganga ko rage bes, wato sautin ƙasa mai kauri, kamar yadda ba a tsame gishiri daga miyar da ta dahu. Manhajojin da ke raba sauti da ƙirƙirarriyar basira suna ɗan taimakawa yanzu, amma suna barin wani ruwa-ruwa a sautin da ƙwararren kunne ke kamawa. Ƙarancin ikon nan yana da amfaninsa: makaɗi ya riƙe launin sauti, mawaƙi ya riƙe tsari da kalmomi, ba mai shiga gonar wani.

Ta biyu, kiɗa a warware: kowane layi da fayil ɗinsa, babbar ganga daban, bes daban, fiyano daban. A nan mai karɓa yana iya kashe layi, ya ɗaga wani, ya sake tsarin gaba ɗaya, amma ba ya iya canja sautin kansa daga tushe. Mafi yawan haɗin gwiwar da ake yi daga nesa a yau a wannan siffa yake tafiya.

Ta uku, MIDI. Wannan ba sauti ba ne, umarni ne kawai: wane maɓalli aka danna, yaushe, da wane ƙarfi, na tsawon wane lokaci. Ƙa'idar ta fito tun 1983, kuma fayil ɗinta ƴan kilobayit ne. Wanda aka ba MIDI an ba shi karin waƙar tsirara; yana iya mayar da fiyano ya zama sarewa, ya sauke matakin murya, ya canja gudu, babu abin da zai lalace.

Ta huɗu, aikin ɗungurungum, wato fayil ɗin manhajar kansa, na Ableton Live ko FL Studio ko Logic. A ido ita ce ta fi karamci, a aikace ita ce ta fi kawo ciwon kai. Sai ku biyun kuna da manhaja ɗaya, kuma wadda ta fi sabunta ba ta yawan komawa baya: aikin da aka ajiye a sabon zubi sau da yawa tsohon zubi ba ya buɗe shi. Logic ma a na'urorin Apple kaɗai yake aiki. Sai kuma fulogin, wato ƙananan manhajojin da ake ƙarawa a cikin babbar: idan makaɗi ya yi bes da wani sintesaiza, abin da ke ƙirƙirar sautin na'ura, da abokin aikinsa bai saya ba, layin zai buɗe shiru. Ko ƙananan sautukan da aka ɗebo daga wata jaka a kwamfuta ba sa bin aikin sai an tattara su da gangan, shi ya sa Ableton ke da umarnin tattara komai a ajiye, FL Studio kuma ke da fitarwa a ƙunshin zip. Bayan duk wannan, ga matsalar da ba ta na'ura ba: idan kowa na iya taɓa komai, kowa zai taɓa komai. Makaɗi ya kwana uku yana gyara ƙarar ganga, abokinsa ya canja ta a minti biyu.

Shawarar da ta fi tsira ita ce a cakuɗa: a fara da dunƙule da MIDI yayin da ake neman hanya, a koma warware idan tsari ya zauna, a bar aikin ɗungurungum a hannun mutum ɗaya tak.

Gudu da matakin murya kafin komai

Tun ran gini ran zane. Abu biyu ake yankewa kafin makaɗi ya ɓata mako yana ado: gudun kiɗa, da matakin murya, abin da ƴan situdiyo ke kira ki. Hanya mafi arha ita ce zayyana ta sakan 60 zuwa 90, baiti ɗaya da amshi ɗaya, ganga da bes da fiyano kawai. Mawaƙi ya rera a kai ko da da waya ce, ya duba wurin da ya fi tsawo a amshi. Idan yana maƙurewa, a sauke ki tun yana MIDI. Idan aka bari sai an dunƙule, saukewa ko ɗagawa da ya wuce rabin mataki biyu (rabin mataki shi ne tazarar maɓallin fiyano ɗaya zuwa na kusa da shi) yana fara ɓata sauti: ganga ta rasa kaifinta, bes ya yi laushi, kuge ya yi kamar ana murza leda.

Gudu kuwa a rubuta shi da lamba cikakkiya. Bambancin bugu 120 da 120.5 a minti ba ya bayyana a zangon farko, wato bugu huɗu na farko. A waƙar minti huɗu, rabin bugu sau huɗu ya zama bugu biyu cur, wato rabin zango; muryar da ta fara daidai za ta ƙare a gefe. Idan akwai wurin da gudu ke canjawa a tsakiyar waƙa, a haɗa da fayil ɗin MIDI mai ɗauke da taswirar gudun, domin baki ba ya isar da irin wannan.

Sai yawan ɗiban sauti a sakan. Faifan CD yana kan 44,100, harkar bidiyo tana kan 48,000. Kowanne ya wadatar. Abin da ba ya yiwuwa shi ne ɗaya ya yi da wannan ɗaya ya yi da wancan ba tare da an juya ba. Yawancin manhajoji suna juyawa da kansu, amma ba kullum ba, musamman idan katin sauti ne ke riƙe da agogon. Fayil ɗin 44,100 da aka kunna a kan 48,000 yana ƙara gudu da kusan kashi 9 cikin ɗari: bugu 120 ya zama kusan 130.6, waƙar sakan 240 ta koma 220 da rabi, murya ta hau da kusan rabin mataki ɗaya da rabi. Wannan hawan ne ke ruɗa mutane, domin bai faɗa kan kowane maɓalli na fiyano ba, sai mawaƙi ya yi ta neman ki bai samu ba, ya ɗauka kunnensa ne.

Yadda ake warwarewa

Dokar da ta fi kowace muhimmanci: kowane layi ya fara daga bugun farko na zangon farko, ko da sautinsa ba zai shigo ba sai minti na uku. Shirun da ke gaba shi ne ma'aunin. Mai karɓa zai jera fayilolin duka a bango ɗaya, su zauna da kansu. Wanda ya yanke shirun don rage nauyin fayil ya jawo wa abokinsa awanni na ja da linzami. A ƙarshen waƙa kuma a bar zango biyu ko sama, saboda amsa-kuwwa da amon ɗaki su mutu da kansu. Jelar da aka datse ba ta sake tsirowa.

A fitar da WAV, fayil ɗin sauti da ba a matse ba, mai bit 24. Bit 16 yana ba da faɗin kusan desibel 96, wato ma'aunin ƙara, tsakanin shiru da ƙarshen ƙara, bit 24 kusan 144, wanda ke nufin ba sai an cika fayil da ƙara ba. Ƙololuwa a wajen desibel 6 ƙasa da sifili, wato ƙarshen ƙarar da fayil ke ɗauka, ta isa. A kashe maɓallin da ke daidaita ƙarar kowane fayil zuwa sama. Idan aka bar shi, ƙaramar ƙararrawar da aka ɓoye a baya za ta zo da ƙarfin babbar ganga, ma'aunin da makaɗi ya gina ya rushe. Abin da aka ɗauka da makirufo ɗaya, kamar murya, a fitar da shi a layi guda, ba sai an ninka shi dama da hagu ba.

Nauyi ma abin lissafi ne. Minti ɗaya na dama da hagu a 48,000 da bit 24 yana cin megabayit 17 da ɗoriya. Layi 30 na waƙar minti huɗu ya zarce gigabayit 2, wato faifan CD uku, tunda kowane faifai megabayit 700 yake ɗauka. Saboda haka ake haɗa dangi: duk ƙananan ganguna a fayil ɗaya, duk sautukan shimfiɗa a ɗaya, a tashi da layi takwas zuwa goma sha biyu. FLAC yana rage nauyi da kusan rabi ba tare da zubar da komai ba. MP3 kuwa, ban da abin da yake zubarwa, yana ƙara ɗan shiru a gaban fayil, a yawancin lokuta kusan milisakan 25. Mawaƙin da ya rera a kan MP3 ya mayar da murya, makaɗi ya ɗora ta a kan aikin asali, sai a ji tana jan ƙafa kaɗan, ba a san daga ina ba. Wannan ba baƙon abu ba ne a situdiyoyin Kano da Kaduna da Yamai, inda kiɗa ke yawo ta WhatsApp. Saƙon murya na manhajar matsattse ne ƙwarai, na jin kari ne kawai. Fayil ɗin aiki a tura shi a matsayin takarda, wadda ke wucewa yadda take har zuwa gigabayit 2.

Akwai tarko biyu da ko tsofaffin hannu ke faɗawa. Na ɗaya, abin da ke kan babban layin fita. Idan makaɗi ya ɗora kwamfuresa da limita, masu matse ƙara da hana ta wuce iyaka, a kan jimillar kiɗa, waɗannan na'urori suna amsa wa dukkan sautukan ne a haɗe. Da aka fitar da layuka ɗaya-ɗaya ta cikinsu, kowanne zai sami matsi daban, kuma idan aka sake haɗa su ba za su ba da abin da aka saba ji ba. A kashe su kafin warwarewa, a tura dunƙulallen kwafi da su a kunne don abokin aiki ya san inda aka dosa. Na biyu, numfashin bes. A kiɗan rawa na na'ura ana sa bes ya sunkuya duk lokacin da babbar ganga ta buga, domin su biyun suna zaune a unguwa ɗaya, wajen haz 50 zuwa 100 (haz shi ne yawan girgizar sauti a sakan). Ganga ce ke ba da umarnin sunkuyawar. Idan aka kashe ta don a fitar da bes shi kaɗai, a wasu tsare-tsaren umarnin yana ɓacewa, bes ya fito a miƙe, ƙasan waƙar ya cushe.

Gwajin da ke kama duk wannan minti biyar yake ci. A buɗe sabon aiki, a jera layukan da aka warware, a sa dunƙulallen kwafin da aka fitar ba tare da limita ba a gefensu, a juya fuskar igiyar sautinsa. Idan komai daidai ne, za su cinye juna a ji kusan shiru, sai ɗan abin da ke canjawa da kansa kamar amon ɗaki. Idan aka ji bes ko murya ta fito sarai, a nan kuskuren yake.

Daga ɓangaren mawaƙi, a mayar da murya kashi biyu: busasshiya, ba gyara ba amo, da kuma wadda aka yi wa ado yadda yake son a ji ta. Busasshiyar ce ta aiki, mai adon ta nuni ce. A rufe kunne da hedifon mai rufaffen baya, a rage ƙarar kilik, bugun da ke riƙe wa mawaƙi gudu, domin makirufo mai kaifi yana ɗaukar ƙyas-ƙyas ɗin da ke tsiyaya daga kunne, kuma ba ya bayyana sai an matse muryar a wajen miksin, wato daidaita layukan su zama sauti ɗaya. Kada a ɗauki murya da hedifon na Bluetooth. Jinkirinsa yakan wuce milisakan 100.

Barin wuri

Duk wannan aikin famfo ne, na tabbatar da ruwa ya iso. Abin da ke sa mutum biyu su yi sauti ɗaya wani abu ne daban, kuma misalin da ya fi nuna shi a fili shi ne na Ryuichi Sakamoto da Carsten Nicolai. Sakamoto ɗan Japan ne, mai fiyano, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa Yellow Magic Orchestra a 1978, ya daɗe yana zaune a Niyok. Nicolai Bajamushe ne, haifaffen 1965, yana aiki a Balin da sunan Alva Noto. Tsakanin 2002 da 2011 sun fitar da ayyuka biyar a kamfanin Raster-Noton: Vrioon, Insen, Revep, utp_ da Summvs, waɗanda haruffansu na farko suka haɗa kalma ɗaya, VIRUS, da gangan. Sakamoto ke kawo fiyano, Nicolai ke kawo sautin na'ura zalla: tsarkakakkiyar igiya, ƙyas, tsiit, da gurnanin ƙasa.

Fiyano yana mamaye daga haz 27.5 zuwa kusan 4,186, amma nauyinsa a tsakiya yake. Kunnen ɗan Adam yana ji daga kusan 20 zuwa 20,000. Wanda ya saurari waɗannan kundaye da kunnen aiki zai lura Nicolai yana yawan zama a gefe biyu, can ƙasa inda ake jin sauti a ƙirji, da can sama inda yake kamar tsinin allura, ya bar wa fiyano tsakar gida. Sakamoto shi ma yana biya da nasa: yana buga kaɗan, ya bar sauti ya mutu a hankali, kuma a cikin wannan mutuwar ce ƙyas-ƙyas ɗin abokinsa ke samun wurin zama. Da ya cika kowane zango da yatsu goma, da babu inda Nicolai zai sa ƙafa.

Darasin ga makaɗi mai aika wa mawaƙi kai tsaye ne. Kiɗan da ya cika ya batse shi kaɗai, kiɗa ne da ba shi da gurbin murya. Fahimtar kalmomi tana zaune ne wajen haz 1,000 zuwa 4,000, kuma a nan ne sintesaiza mai kaifi ke son zama. Gara a aika da abin da yake kamar bai ƙarasa ba, a bar babban kari a kashe a wuraren baiti. Makaɗa da yawa ba sa iya wannan, domin suna son fayil ɗin farko ya burge, sai su toshe ƙofar da suka gayyaci mutum ya shigo ta ciki.

Haɗa kayan kiɗa na katako da na'ura yana da nasa ƙaramin tarkon. Manhaja tana ɗaukar sautin A a haz 440. Fiyanon zauren kiɗa a ƙasashen Turai da dama ana ɗaure shi a 442. Bambancin bai kai kashi goma cikin ɗari na rabin mataki ba, amma idan tsarkakakkiyar igiya ta 440 ta haɗu da 442, za a ji rawar sauti sau biyu a kowane sakan. Wani yana son wannan rawar ya mayar da ita ado. Wanda bai so ba, ya tambayi ma'aunin fiyanon tun farko ya daidaita sintesaiza da shi, tunda sake ɗaure fiyano aikin awanni ne, juya na'ura kuwa na sakan biyu.

Me ya hana su buga tare ta intanet?

Nisa ne, kuma ba kuɗin data ke maganinsa ba. Haske a cikin igiyar gilashi yana tafiyar kusan kilomita 200,000 a sakan. Daga Balin zuwa Niyok kusan kilomita 6,400 ne, wato milisakan 32 a tafiya ɗaya ko da hanyar miƙaƙƙiya ce babu tsayawa, kuma ba ta taɓa zama haka. Makaɗa suna fara rasa juna idan jinkiri ya wuce milisakan 25 zuwa 30, daidai da mutum biyu da ke tsaye mita goma tsakani, tunda sauti a iska mita 343 yake yi a sakan. Kowa yana jiran kowa, gudu ya yi ta raguwa. A kan wannan sai a ƙara jinkirin kwamfuta: bafa, wato yawan ɗiban sautin da take tarawa kafin ta sarrafa, ta 128 a kan 48,000 milisakan 2.7 ce, ta 1,024 kuwa 21 da ɗoriya, shiga daban fita daban. Shi ya sa ake ƙanƙanta bafa lokacin ɗaukar murya, a faɗaɗa ta lokacin miksin.

Ko a ɗaki ɗaya ma sai an naɗa wa na'urori shugaba. Agogon MIDI yana aika bugun zuciya 24 a kowane bugu na kiɗa, daga na'ura ɗaya zuwa sauran. Idan biyu suka ce su ne shugaba, ko aka jera na'urori da yawa a sarƙa, gudu yana rawa. Ableton Link, wanda ya fito a 2016, ya sauƙaƙa wannan ga kwamfutocin da ke kan hanyar sadarwa ɗaya: kowa na iya canja gudu, saura su bi. Abin sha'awa, kamfanin Ableton kansa daga haɗin mutum biyu ya tsiro, domin Gerhard Behles da Robert Henke suna kiɗa tare da sunan Monolake kafin manhajar Live ta fito a 2001. Su Sakamoto ma da suka so yin abu nan take, haɗuwa suka yi: a 2016 sun yi kiɗa ba shiri a gidan gilashi na Philip Johnson da ke jihar Konetikat, suka manna makirufo a jikin bangon gilashin suka mayar da ginin abin kiɗa. An fitar da shi a 2018 da sunan Glass. Sakamoto ya rasu a watan Maris na 2023.

Wa ke rufe ƙofa

Gidan waya yana da wata fa'ida da intanet ya kashe: kowane aike yana cin kwanaki, don haka ba a aika rabin tunani. Yau ana iya tura gyara goma a dare ɗaya, kuma a nan ne ayyuka ke narkewa. Maganin ba sabo ba ne. Sunan fayil ya ɗauki sunan waƙa, gudu, ki, da lambar zubi, 01, 02, 03. Kalmar "na ƙarshe" ba ta shiga sunan fayil, domin ba ta taɓa zama gaskiya. Aikin yana hannun mutum ɗaya a lokaci ɗaya, ɗayan ya jira. Gyara ya zo da minti da sakan: "a 1:42 bes ya danne kalmar ƙarshe" abin aiki ne, "amshin bai yi daɗi ba" kuwa neman faɗa ne. A ƙayyade zagaye, uku sun isa ga miksin. A kuma amince tun farko wa ke da kalmar ƙarshe a kan me, misali mawaƙi a kan wane ɗauka na murya za a bari, makaɗi a kan ma'aunin sauti.

Sai kuɗi. Kowace waƙa haƙƙi biyu take ɗauke da su: na ƙirƙira, wato kari da kalmomi, da na ɗaukar sautin kansa. A kiɗan na'ura iyakar tana dushewa, domin makaɗin da ya gina layin bes da jerin sautuka ya yi ƙirƙira ko da bai rubuta kalma ɗaya ba. A dokar Amurka, idan mutum biyu suka yi aiki da niyyar ya zama ɗaya kuma babu rubutacciyar yarjejeniya, ana ɗaukarsu masu rabo daidai, kuma kowanne na iya ba wani izinin amfani da waƙar wanda ba na keɓewa ba, muddin zai ba ɗan'uwansa kasonsa. Wanda ya yi kashi 80 na aikin yana iya tashi da rabi. Takarda ɗaya ke hana wannan: sunan waƙa, cikakkun sunaye, kason kowa a ƙirƙira, kason kowa a ɗauka, ƙungiyar karɓar haƙƙi da kowa ke ciki, ASCAP ko BMI a Amurka, GEMA a Jamus, JASRAC a Japan, da sa hannu. Kason ya haɗu ya ba da 100 daidai, in ba haka ba kuɗin yana maƙalewa a wurin masu rabawa. A kan takardar nan kuma kowa ya bayyana duk wani guntun sauti da ya ɗebo daga faifan wani, domin ƙarar da za ta biyo baya ba za ta tambayi wa ya ɗebo ba. A sa hannu kafin waƙa ta fita, lokacin da ba ta kawo ko sisi ba.

Suna ma shawara ce ta kasuwanci. Idan aka rubuta sunayen biyu a matsayin masu waƙa, tana bayyana a shafin kowannensu a Spotify da sauran manhajojin sauraro, mabiyan kowa su gan ta. Idan aka ƙirƙiri sabon suna, shafi ne fanko da za a fara daga sifili, amma yana ba aikin rai na kansa, ba ya zama rataye a jikin tsohon tarihin kowa. Sakamoto da Nicolai sun riƙe sunayen da aka san su da su. Tamborello da Gibbard sun zaɓi sabo, kuma ya jawo musu wasiƙar lauyoyi: a 2003 hukumar gidan wayar Amurka ta nemi su daina amfani da shi, tana cewa alamar kasuwancinta ce. An sasanta a 2004, aka bar musu sunan, su kuma suka amince su taimaka wajen tallata hukumar, har suka yi wasa a taron manyan jami'anta. Sun sake haɗuwa don zagayen wasanni a 2013, da kuma 2023 da kundin ya cika shekara ashirin. Kundi na biyu dai bai fito ba.